Kalmar da Ba Ka Ji a Baki Ba

Ƙannena masu tattara tsofaffin kalmomin Hausa, ku sani rubutun boko ba ya nuna karin sauti, ba ya nuna tsawon wasali. Gado na kwanciya da gado na mamaci rubutunsu ɗaya ne, haka wuya na jiki da wuya ta wahala. Waɗannan tun kuna goye kuke jin su, shi ya sa ba sa rikita ku. To ina ga kalmar da a takarda kawai kuka gan ta?

Ina saurayi nakan kwaso kalmomi daga ƙamus in cusa su cikin zance don a ce na iya. A wani hawan Sallah na dage ina yi wa baƙi bayani cewa dokin can ya sha sulke. Wani dattijo ya bari sai da aka watse, ya jawo ni gefe ya ce, "Ɗana, wancan lihidi na. Sulke zobban ƙarhe na, mutum ka sa shi. Lihidi ko auduga anka cusa cikin ƙyalle anka ɗumke." Duka biyun na haddace su, amma ban taɓa sa hannu a kan ko ɗaya ba.

Wanda ya fi ci mini rai shi ne gyaran da na riƙa yi wa kakata. In ta ce amre, in ce aure. Ta ce zamna, in ce zauna. Ta ce sabka, in ce sauka. Ita dai sai murmushi. Ashe nata ne na asali. Masana harshe sun nuna cewa a Kananci ne "m" da "b" na ƙarshen gaɓa suka rikiɗe suka koma "u", Sakkwatanci kuwa ya riƙe tsohon furuci. Daidaitacciyar Hausa bisa Kananci aka gina ta, don haka ku yi rubutu da ita, amma kada ku ɗauki "munka" da "biyat" kuskure ne. Ko ƙamusun Bargery na 1934 yakan nuna yankin da ake amfani da kalma, ni ne ban kula da alamar ba.

Yanzu in na tsinci baƙuwar kalma, wurin masu ita nake kai ta. Majema su ne za su nuna muku bagaruwa da yadda take jeme fatar jar akuyar nan tamu. Masu jakuna za su raba muku akumari, shimfiɗar da ake ɗora wa bayan jaki, da mangala, jakar da ke rataye gefe biyu, da taiki na zuba hatsi. Ku roƙi mutum ya sa kalmar cikin zance, in ya yarda ku naɗi muryarsa a waya. In kuma da mai ajami a kusa, ku ce ya rubuta muku ita, domin shi yana nuna dogon wasali da alif da wau da ya.