Labarin da ya fi yi wa edita daɗi

Na yi aikin jarida ta fuska biyu. Na zama wakili a ƙasashen waje ina aiko da rahoto, daga baya na koma kan teburin editan mujalla ina karɓar na wasu. Abin da ya fi zauna mini a rai shi ne, rahoton da ya zo daidai da abin da edita ya riga ya yarda da shi, shi ya fi cancanta a tsananta wa bincike.

Mujalla ba ta isa ta yi tsere da kamfanonin dillancin labarai irin su Reuters da AFP ba. Kafin shafuka su isa maɗaba'a, labarin ya zaga duniya a wayoyin mutane. Jarin da ya rage mata shi ne lokaci: mako ko wata guda na komawa wurin majiya, a sake tambaya, a ji ta bakin wanda ake zargi. Editoci da yawa sukan ƙarar da wannan lokacin wajen ƙawata jimloli.

A Disambar 2018 mujallar Der Spiegel ta Jamus ta fito ta ce fitaccen marubucinta Claas Relotius ya shafe shekaru yana ƙirƙirar mutane da maganganu a rahotanninsa. Mutum ne da ya sha karɓar lambobin yabo, kuma mujallar tana da sashen tantance bayanai da ake ji da shi a duniya. To yaya ya sulale? Mai tantancewa zai iya duba shekara, ya duba sunan gari, ya auna nisan hanya a taswira. Amma idan wakili ya ce na zauna da wane a wani lungu ya gaya mini kaza, babu littafin da za a buɗe. A 2017 Relotius ya rubuta a kan Fergus Falls, wani ƙaramin gari a jihar Minnesota ta Amurka, yankin da ya zaɓi Trump. Ya zana mutanen garin yadda mai karatu a Jamus yake tsammanin ganinsu, har ya ce akwai allo a bakin gari da ke korar 'yan Meziko. Allon babu shi. Labarin ya shige ne saboda ya yi wa kowa daɗi a ofis.

Wanda ya tona asirin abokin aikinsa ne, Juan Moreno, da aka haɗa su su rubuta labari kan iyakar Amurka da Meziko. Ya tashi da kansa zuwa Arizona, ya nemo mutanen da aka ambata, suka ce ba su taɓa ganin Relotius ba. Da farko ma manyan ofis Moreno suka yi wa kallon mai hassada. Wannan ɓangaren ya fi damuna, domin na san yadda edita ke kāre marubucin da ke ɗaga sunan mujallarsa.

Ta ɓangaren wakili kuwa, na san ta inda jarabar ke shigowa. Ka sauka a ƙasar da ba ka jin harshenta, kwanakinka ƙididdigaggu ne, ofis yana ta kira. Duk abin da ka ji, ta bakin tafinta ka ji shi. Duk inda ka je, ɗan jaridar gari ne ya buɗe maka ƙofa. Shi ya san wanda ke ƙarya da unguwar da ba a shiga bayan faɗuwar rana. Amma sunanka ne ke fitowa a saman labarin, kuma idan ka hau jirgi shi ne zai zauna da waɗanda rahoton ya fusata. A 2007 a Afganistan 'yan Taliban suka kama wakilin jaridar La Repubblica ta Italiya, Daniele Mastrogiacomo, tare da direbansa da tafintansa Ajmal Naqshbandi. An saki Ba'italiyen bayan musayar fursunoni. Direban da Ajmal an kashe su.

Shi ya sa idan rahoto ya zo mini daga nesa, tambayoyina na farko ba su shafi salo ba. Wa ya kai ka? Wa ya fassara maka? Ina sautin hirar? Sai in nemi lambar ɗan garin in kira shi, in karanta masa maganganun da aka jingina wa mutane, in kuma tambaye shi ko yana son sunansa ya fito ko fitowar za ta jefa shi cikin haɗari. Wasu wakilan kan ji haushi, musamman waɗanda suka daɗe a aiki, su ce ba a yarda da su ba. Nakan ce musu kowa ake yi wa haka, har ni idan na yi rubutu. Sau da yawa a wannan kiran ne ɗan garin ke ambata wani abu da wakilin ya bari a baya saboda bai dace da tsarin labarinsa ba, sai mu koma mu sake rubuta sakin layi na farko.