Tarihin Rayuwata, Kashi na Bakwai: Ƙofar da Ke Bayan Yaɓe

A makon jiya na tsaya a inda magini ya ba ni shawarar a kankare simintin da aka yaɓa wa bangon ɗakin gabas na gidan da na saya. Kwana uku na yi ina juya maganar a raina, domin a ganina wannan yaɓe shi kaɗai ne abin da ya rage da lafiyarsa a duk gidan.

Ashe ido ne ya yaudare ni. Bangon na tubalin ƙasa ne, kuma irin wannan bango yakan sha danshi daga tushe, ya fitar da shi ta jikinsa idan iska ta buge shi. Da aka lulluɓe shi da siminti sai danshin ya rasa mafita, ya taru a ciki, ya hau har kusan mita ɗaya yana narkar da ƙasar sannu a hankali. Magini ya ƙwanƙwasa wurin da ƙotar guduma, muka ji yana amsawa kamar ganga. Ban ga laifin wanda ya yi yaɓen ba, da niyyar gyara ya yi.

A rana ta biyu ta aikin wani babban ɓawo ya faɗo, sai ga katako kwance a tsakiyar bango, gara ta cinye rabinsa. Tubalan da ke ƙarƙashinsa ƙanana ne, launinsu ya bambanta da na sauran ginin, kuma an jera su cikin gaggawa ba tare da an sarƙe su da na gefe ba. Magini ya dube ni ya ce, "Maigida, nan ƙofa ce aka toshe."

Da muka zare tubalan ɗaya bayan ɗaya, na ga zane-zane a jikin katakon gefen ƙofar, gajerun layuka da aka yi da bakin wuƙa, wani bisa wani, irin waɗanda iyaye kan yi idan suna auna tsawon 'ya'yansu. Sahu biyu ne. Na dama ya hau har daidai kafaɗata, na hagu kuwa ya tsaya a ƙuguna, babu ko layi ɗaya bayansa.

Na hana a goge katakon, na kuma hana a shafa masa fenti. Da yamma na ɗauko takardun cinikin gidan na fara bin sunayen waɗanda suka mallake shi kafin ni, kuma a can zan ɗora a mako mai zuwa.