Ɗaukaka ƙarar aure ko gado: abin da rashin zuwa kotu ke jawowa

A arewacin Kamaru, yawancin shari'un aure, saki, riƙon yara da gado suna farawa ne a kotun gargajiya ta matakin farko, bisa dokar 19 ga Disamba 1969. Wanda hukunci bai yi masa daɗi ba sai ya ɗaukaka ƙara zuwa Garwa, Marwa ko Ngaundere, gwargwadon yankinsa. To amma ɗaukaka ƙara da yawa suna mutuwa tun alƙali bai buɗe takardun ba, don mai ita bai bi sawunta ba.

Tun kafin ranar zama akwai tarko. Dokar tsarin kotuna ta 29 ga Disamba 2006 ta ce shugaban kotun da ta yanke hukuncin zai ƙayyade kuɗin kwafar takardun shari'ar, kuma kwana 10 kawai gare ka daga ranar da aka sanar da kai. Ka bari suka wuce, ɗaukaka ƙarar ta faɗi. Ka biya a ofishin magatakardar kotu, ka karɓi rasit, ka adana shi.

Ranar zama kuwa, idan aka kira sunanka shiru, ba kai ba lauyanka, alƙali yana iya ɗage zaman, ko ya cire shari'ar daga jerin waɗanda ake saurare, ko ya tabbatar da hukuncin farko tunda babu wanda ya zo ya nuna masa kuskurensa. Waɗannan ukun ba ɗaya ba ne. Wadda aka cire daga jeri ana iya neman a maido ta. Tabbatarwa ita ce mai zafi: riƙon yara ko rabon gado ya zauna yadda aka yanke, saura Kotun Ƙoli a Yawunde, ita kuwa kuskuren doka take dubawa, ba ta sake sauraren labarin gidanku daga farko.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne matan da ke nesa. Mace a Kuseri, da goyo, ga damina ta ɓata hanyar Marwa, ga sammaci da Faransanci wanda ba ta iya karantawa. Ba raina kotu ta yi ba, amma alƙali bai san haka ba sai an rubuta masa. Don haka idan zuwa ya gagara, a kai wasiƙar neman ɗage zama kafin ranar, haɗe da shaida kamar takardar likita, a sa magatakarda ya buga hatimi a kwafin da za a riƙe. Kiran waya ba ya shiga cikin takardun shari'a.

Bayan kowane zama a tambayi ranar da aka ɗage zuwa, a rubuta, domin a baki ake faɗarta cikin kotu. Wanda ya sauya gida ko lambar waya ya sanar da magatakarda a rubuce.

Idan kuma kai aka kai ƙara, aka yanke hukunci a bayan idonka ba tare da sammaci ya same ka ba, kana da damar ƙalubalantarsa a kotun da ta yanke shi. Wa'adin gajere ne, kuma daga ranar da aka miƙa maka takardar hukuncin ake fara lissafi.