Gidan da angon ya harhaɗa

Jiya da dare ni da Kaka muka kalli wani tsohon fim ɗin barkwanci a waya, One Week na Buster Keaton, wanda aka yi a Amurka a 1920. Baƙi da fari ne, ba magana, sai ɗan rubutu jifa-jifa. Na ɗauka ba za ta kai minti biyu ba za ta tashi.

Ina! Amarya da ango aka ba kyautar gida cikin akwatuna su harhaɗa da kansu, sai wanda ya nemi amaryar ya rasa ya sauya lambobin akwatunan. Gida ya fito a karkace, ƙofa a sama, mutum ya buɗe ya faɗo ƙasa tim. Kaka har da hawaye don dariya, tana cewa, "Kai ɗan nan, ga shi ko murmushi ba ya yi!"

Wurin da ya fi kashe ni shi ne ƙarshe. Gidan ya maƙale a kan layin dogo, jirgi ya taho ya wuce ta wani layin, suka yi ajiyar zuciya. Sai wani ya ɓullo ta baya ya ragargaza shi.

Yau da safe ta aiko jikanta wai a sake kunna mata.