Maɓallin tsakiyar hannun gem da rigimar da yake jawo mini a shago

Shagona yana Aboabo, nan cikin Kumasi. Kwamfuta shida ne a jere, kowacce da talabijin ɗinta da hannun gem biyu, wato abin da ake riƙewa a buga wasa, sai teburin gyara a ƙuryar ciki inda nake zama da ƙarfen dalma da sukurdireba. Masu wucewa suna ɗauka wajen wasan yara ne kawai. Amma wanda ya taɓa kawo mini hannun gem ɗinsa a mace ya koma gida da shi yana aiki, ya san abin da ake yi a ƙuryar nan.

Wata Asabar bayan la'asar, samari biyu suna kan na'ura ta uku, ɗaya ya ɗauki Chelsea, ɗaya Real Madrid. Ana minti na 88, kunnen doki, sai aka ba mai Chelsea fanareti. Abokansu sun cika bayansu, har da mai sayar da ƙosai ta leƙo. Yaron ya gyara zama zai buga, sai kawai filin ya ɓace, wani shafi mai duhu da manya-manyan hotunan wasanni ya rufe talabijin gaba ɗaya. Ya miƙe tsaye yana ihu: "Yaya, wallahi da gangan ya danna!" Ɗayan kuma yana rantsuwa da kabarin kakansa cewa yatsansa ne ya zame. Sai da na shiga tsakani. Na danna Alt da Enter a kibod, shafin ya kauce, amma zuciya ta riga ta ɓaci, wasan bai ƙara daɗi ba.

Wannan shafin sunansa Big Picture. Yana cikin Steam, manhajar da kamfanin Valve na Amurka ya fito da ita a 2003, wadda ta nan yawancin masu gem a kwamfuta suke saye da buɗe wasanninsu. A 2012 suka ƙara mata wannan fuskar, domin mutumin da ya jona kwamfutarsa da talabijin a falo, ya kishingiɗa a kujera kamar taku uku daga nesa, ba kibod a kusa, ba maus. Shi ya sa rubutun yake manya-manya kuma komai da hannu ake zaɓa. A 2023 suka sauya masa kama, ya koma irin fuskar Steam Deck, ƙaramar na'urarsu ta hannu da ta fito a 2022. Ga mai falo abin alheri ne, ni kaina ina amfani da shi a gida. A shago ne yake zama fitina, inda yatsu ashirin suke bi ta kan hannu ɗaya a wuni, kuma maɓallin da ke kiransa yana zaune tsakiyar hannun, mai tambarin Xbox ko mai alamar PS, daidai inda babban yatsa yake faɗawa in wasa ya yi zafi.

Kashe shi ba wuya in ka san ƙofar. Ka buɗe Steam, ka danna sunanta a kusurwar hagu ta sama, ka shiga Settings. A sashen Controller akwai wani layi da aka rubuta "Guide Button Focuses Steam". Shi ne uban tafiyar. Muddin yana kunne, Steam tana zaune a baya tana jiran a taɓa maɓallin tsakiya, ko da wasan da ake bugawa ba daga wajenta aka buɗe shi ba. Ka kashe shi. Daga nan ka leƙa sashen Interface, ka tabbata "Start Steam in Big Picture Mode" a kashe yake, don wannan shi ne yake sa ta tashi da babbar fuskar tun daga farko ba tare da an taɓa komai ba. A nan wajen kuma za ka ga inda ake hana ta tashi tare da kwamfuta. Mutane da yawa ba su san cewa danna alamar X ba ya rufe Steam ba, ɓuya kawai take yi a gefen agogo. In kana so ta fita da gaske, sai ka zaɓi Exit.

Akwai wanda ya yi duk wannan ya dawo yana ce mini har yanzu wani abu yana fitowa. Da na duba, ba Steam ba ce ma, Game Bar ce, wani ƙaramin shafin wasanni na Windows da ke fitowa a kan allo, ita ma da wannan maɓallin ake kiranta. Nata makashin yana cikin saitin Windows, sashen Gaming. Na kuma taɓa samun wata kwamfuta da aka sayo ta hannu, wanda ya riƙe ta a da ya ƙara kalmar -bigpicture a ƙarshen adireshin gajeriyar hanyar Steam da ke kan fuskar kwamfutar. Duk saitin da ka kashe, in ta wannan alamar ka shiga, babbar fuskar za ka tarar. Sai da na ɓata kusan rabin awa kafin hankalina ya kai can.

To amma duk wannan rabin aiki ne, kuma shi ne rabin mai sauƙi. Abin da ya fi cin raina shi ne jabun hannu. Bara na karɓi kwali guda daga wajen wani mai kawo kaya, ya rantse mini cewa na asali ne, kwalin ma da kyalli da tambari kamar gaske. Sati uku ba su cika ba, sai na'ura ta biyar ta fara buɗe Big Picture ita kaɗai, hannun yana ajiye a kan tebur ba wanda ya taɓa shi. Yara suka fara cewa akwai aljani a cikinta. Na kwance hannun. Robar da ke ƙarƙashin maɓallin tsakiya siririya ce kamar ledar ruwan sanyi, ta riga ta lotsa, baƙin tabon da ke ƙasanta ya kwanta a kan allon ciki yana aika saƙo ba tsayawa. Na kira mutumin, ya ce wai yaran unguwarmu ne masu ƙarfin hannu. Tun ranar ban ƙara karɓar ko waya ɗaya daga wajensa ba. Jabu yana da alama ga wanda ya saba: ka ɗaga shi ka ji ba nauyi, ka danna maɓalli ka ji ya nutse ba ya dawowa da ƙarfi, ka duba sukurorin baya ka ga kansu ya fara cinyewa tun kafin a taɓa kwance su.

Shi ya sa nake jin haushin masu gyaran da suke kashe saitin kawai su karɓi kuɗi su sallami mutum. Sun rufe bakin ciwo, ciwon yana ciki. Maɓallin da ya lotsa yau, gobe na kusa da shi ne zai bi. Ni kafin in taɓa kowane saiti, sai na jona hannun na ajiye shi a tebur na naɗe hannuwana ina kallo. In shafin ya buɗe da kansa, laifin hannu ne. In sai an danna, to saiti ne. In na sa hannu na asali daga aljihun teburina abin ya daina, magana ta ƙare.

Wannan zaman kallon a wajen Mastana na koya, a Alabar, lokacin ina ɗan shekara goma sha huɗu. Shi rediyo da bidiyo yake gyarawa, daga baya PlayStation 2 ta cika gari aka fara kawo masa. Wata shida na yi ba a bar ni na riƙe ƙarfen dalma ba. Aikina shara, sayo koko da safe, da jera sukurori a cikin murfin gwangwanin madara bisa yadda aka cire su. Ranar da na fara kwance hannun gem ni kaɗai, ɗoki ya sa na finciki siririyar wayar ciki ta tsinke. Bai yi faɗa ba. Ya ce, "Kai yaro, wa ya gaya maka ciwon a ciki yake?" Ashe wayar waje ce ta karye daga wuya, da na lanƙwasa ta a hankali ina kallon fitila da na gani ba tare da na kwance komai ba. Ya sa na zauna na haɗa wadda na tsinka, sau huɗu yana warwarewa yana cewa dalmar ta yi tudu. Allah ya jiƙansa da rahama. Har yau in na ga ɗigon dalma ya yi tudu sai na sake.

Lokacin hunturu aikin ya fi yawa. Ƙura tana shiga ta gefen maɓallai ta haɗu da gumi da man ƙosai, ta zama wani baƙin danƙo. Duk ƙarshen mako nakan kwance hannuwan shagon goma sha biyu, na goge allon ciki da auduga da sifirit, na wanke robobin na shanya su a inuwa, wadda ta gaji na canza ta da ta asali da nake cirowa daga matattun hannuwa. Ina da kwali guda cike da su, ba na zubar da ko ɗaya. Shi ya sa hannun shagona yake shekara biyu yana aiki, alhali na wasu wuraren ba ya kai azumi zuwa azumi.

Sai masu ciniki. Wani ɗalibin jami'a ya kawo laftof da hannunsa, ya ce kwana huɗu abin yana fitar da shi daga wasa. Na ajiye hannun na kalla, lafiyarsa ƙalau. Na kashe saitin Steam, na kashe na Windows, na miƙa masa. Da na faɗi kuɗin sai ya buɗe baki: "Haba Masta, danna biyu fa kawai ka yi!" Na ce masa, "Ƙanena, kwana huɗun da ka yi, danna nawa ka yi?" Ya yi dariya ya biya, ko da yake sai da ya rage sidi biyu, wai na mota.

Yanzu duk kwamfutar da ta shigo shagon nan, ko tawa ko ta gyara, sai na bi waɗannan wuraren ɗaya bayan ɗaya kafin in bar yaro ya zauna a gabanta, kuma nakan sake leƙawa duk lokacin da Steam ta sabunta kanta. Samarin nan biyu na ranar Asabar sun dawo washegari suka ce sai an maimaita wasan daga farko. Na ba su na'ura ta uku kyauta. Mai Real Madrid, don tsokana, ya riƙa danna maɓallin tsakiya da gangan yana kallona, ba abin da ya motsa. Chelsea ta sha kashi uku da ɗaya.