Abin da Microporus ya koya mini game da suna da taswira

A fagen nazarin naman kaza masu fitowa a jikin itace, abu na farko da ake koya wa ɗalibi shi ne ya kifa abin da ya tsinta ya duba ƙasansa. Waɗanda masana ke kira polifo ba su da siraran layukan nan da ke ƙasan laimar kwaɗi; ƙananan ramuka ne jere a ƙasansu, kuma daga cikinsu ƙwayoyin iri ke zubowa. Ni dangin Microporus na fi daɗewa a kai, musamman nau'in Microporus xanthopus.

Kyakkyawa ne ƙwarai. Siffar mazurari gare shi, siriri, mai sheƙi, da zobba ruwan ƙasa da ruwan goro suna kewaye juna. Ƙafarsa rawaya ce, da ɗan faifai a gindi wanda ya manne da busasshen reshe. Idan ka kifa shi sai ka rantse sumul yake, fari fat, babu huji ko ɗaya. Sai an ɗora gilashin ƙara girma, an sa ma'auni, sannan a ga ramuka takwas zuwa goma cikin milimita guda. Malaminmu ba ya karɓar suna daga bakin ɗalibi sai ya ji adadin nan. Yakan ce, "Malam, launi ai rana da ruwan sama ne ke wasa da shi. Ƙirga mini ramuka." Daga nan sai reza, a yanko ɗan ɓalli, a ɗiga masa ruwan sinadarin KOH mai tausasa shi, a sa ƙarƙashin na'urar hangen ƙananan halittu a nemi zarurruka iri uku da suka saƙa jikinsa. Ƙwayoyin irin kuwa, a busasshen samfuri, kana iya wuni ba ka ga ko ɗaya ba.

Can na gane cewa suna hukunci ne da wani ya yanke bisa hujjar da ke gabansa, kuma wani na iya warware shi. Wani Bafaranshe masanin tsirrai, Palisot de Beauvois, wanda ya sauka Warri a 1786 ya kuma shiga ƙasar Benin, shi ya kafa dangin Microporus a 1805 cikin littafinsa na tsirran waɗannan wurare. Amma shi wannan mai rawayar ƙafa, Elias Fries na Suwidin ya fara sa shi cikin dangin Polyporus, a zamanin da kusan duk wani mai ramuka can ake jefa shi. Sai a 1898 Otto Kuntze ya mayar da shi Microporus. Yanzu kuma gwajin DNA na ta sake raba 'yan uwa da haɗa bare a iyalin Polyporaceae. Shi ya sa na daina jin haushin tsohon samfurin da zan tarar da takardu uku a maƙale, kowace da sunanta da sa hannun wanda ya duba.

Batun inda yake yaɗuwa shi ya fi ɗaukar hankalina. Ana samunsa birjik a dazuzzukan Afirka masu zafi da laima, da kudancin Asiya, har arewacin Ostireliya da tsibiran tekun Fasifik. Amma a dazuzzukan Amurka ta Kudu, inda zafi da ruwa da ruɓaɓɓen itace suke jibge, ba gidansa ba ne. Ashe yanayi kaɗai ba ya bayyana inda halitta take. Tarihin nahiyoyi da faɗin teku suna da nasu hannun.

Sai dai taswirar kanta sai an yi hattara da ita. Kowane ɗigo a kanta yana nufin wani ya je, ya tsinta, ya busar, ya rubuta. Gabashin Afirka ya cika da ɗigo saboda irin su Leif Ryvarden na Jami'ar Oslo sun tattaka shi, har suka fitar da kundin polifo na yankin a 1980. Namu yankin na arewacin Najeriya kusan fili ne fetal. Wani ɓangare gaskiya ne, domin ƙasarmu busasshiya ce, abin da aka fi gani a gindin bishiya shi ne wani dangin polifo mai suna Ganoderma. Amma kurmin bakin rafi fa, a tsakiyar damina, su wa suka shiga da jaka da wuƙa?

Saboda haka na zama mai tsanani a kan takardar samfuri, har abokan aiki suna mini tsiya. Samfurin da aka rubuta masa "daji, Najeriya" kawai, a wurina icen girki ya fi shi amfani. Ina son sunan ƙauye, kwanan wata, irin bishiyar, ko reshen a ƙasa yake ko a tsaye, da launinsa kafin ya bushe. Kuma a rubuta da fensir a wurin, domin biro yana zuba idan takarda ta jiƙa.