An rufe ramin Akuta, to tsibin sharar wa zai gada?

Tun daga 2023 maganar yuraniyom ta cika ƙasar nan tamu ta Nijar, a rediyo ita ce, a WhatsApp ita ce, ko a fada ka zauna shan shayi kafin a sauke na biyu wani ya ɗauko ta, kuma kusan kowa gefe ɗaya yake dubawa: wa zai haƙa, wa zai saya, nawa za a ba mu. Ba laifi, maganar kuɗɗi ce dole a yi ta. Amma ni abin da ke cina daban ne, ramin da aka riga aka gama haƙa fa, da tsibin da aka bari bakinshi, wannan na wa ne? Ban taɓa jin an yi gardama a kanshi a fadarmu ba, kowa so yake a ce yuraniyom namu ne, ba wanda ke rigimar a ce shara tashi ce.

Bari in ɗan koma baya don yaran yanzu. A 1957 ne masu binciken ma'adinai na Faransa da ke neman jan ƙarfe suka ci karo da yuraniyom a Azelik, tun ba mu samu 'yancin kai ba. A 1968 aka kafa kamfanin haƙa na SOMAIR, ta fara fitar da kaya a 1971 kusa da Arlit, ita ramukanta a buɗe suke sama. Sai COMINAK da aka kafa a 1974, ta fara aiki a ramin Akuta a 1978, ita kuma ƙarƙashin ƙasa ta nutsa, zurfin kamar mita 250, hanyoyin da aka fafe ciki sun haura kilomita 200, wato in an miƙe su sun zarce nisan Maraɗi zuwa Madawa. Garuruwan Arlit da Akokan saboda wannan aikin aka gina su tsakiyar hamada. Kamfanin Faransa da ke kan abin ya yi ta canza suna, COGEMA ne, ya koma Areva a 2001, ya koma Orano a 2018, su dai ne.

Diori Hamani ya nemi a ƙara kuɗin yuraniyom farkon 1974, cikin watan Afrilu na wannan shekara sojoji suka kifar da shi, Seyni Kountché ya hau, har yau dattawa na gardama ko abu biyun nan na da alaƙa, ni ban shiga nan. Abin da kowa ya yarda shi ne ƙarshen shekarun 1970 kuɗi sun shigo, aka yi gudron Tawa zuwa Arlit da ake kira hanyar yuraniyom, aka tada manyan gine-gine a Yamai, aka kafa SONICHAR tana ƙona gawayin Anu Araren don ba ma'adinan wuta. Samari daga nan Maraɗi da Tasawa da Dakwaro suka yi ta tahiya arewa, wasu ma'aikata, wasu lebura wurin 'yan kwangila, wasu kuma kasuwa ta kai su kamar yadda muka saba, duk inda albashi ke sauka ƙarshen wata Bamaraɗe zai kafa tebur. Farkon shekarun 1980 farashi ya faɗi, ƙasa ta shiga bashi. Bayan hatsarin tashar nukiliya ta Fukushima a Japan a 2011 ya sake faɗuwa. Ranar 31 ga Maris 2021 COMINAK ta tsaya, suka ce arzikin ramin ya ƙare, ma'aikata kimanin 600 aka sallama, ban da ɗaruruwan masu aiki ƙarƙashin 'yan kwangila waɗanda su ba su samu irin sallamar da na kamfani suka samu ba.

To ga lissafin da nike so kowa ya riƙe. Cikin shekarun nan 43 COMINAK ta fitar da yuraniyom tan kimanin 75,000. Sharar da ta rage bayan tacewa kuma tan kimanin miliyan 20 ce, jibge a fili mai faɗin hekta kamar 120, 'yan kilomitoci daga gidajen mutane. In ka raba za ka ga kowane tan na dutse da aka niƙa bai ba da kilo 4 cikakke ba, saura duka nan ya zauna. A lokacin ana fasa dutsen a niƙe shi lilis, a jiƙa da ruwan asid, a tsame yuraniyom ɗin ya zama wani gari rawaya a zuba a duro, kamyo ta ɗauka ta bi Tawa, Ƙwanni, Doso, Gaya, har tashar ruwa ta Kwatano, daga can jirgi zuwa Faransa. Mu mun saba in an yi surfe tsaba ita ce abin, dusa a ba tumaki ba komi, to a nan dusar ita ta riƙe mafi yawan gubar nan da ido ba ya gani da ake kira radiyasiyo, wajen kashi 80 cikin 100 na radiyasiyon da ke cikin dutsen tun asali cikin sharar yake zama, domin asid ɗin yuraniyom kawai yake cirewa, sauran 'yan uwanshi irin su toriyom da radiyom ba mai sayensu, sai a bar su.

Kuma ba abu ne mai ruɓewa ba. Radiyom sai ya shekara 1,600 kafin rabin ƙarfinshi ya tafi, rabi fa. Toriyom ɗin da ke haifar da shi kuwa wajen shekara 75,000. Garin Maraɗi da muke ciki yanzu bayan ambaliyar 1945 aka hauro da shi kan tudu daga bakin gulbi, ko shekara 100 bai yi ba a wurin, amma ka tambayi yaro inda tsohuwar kasuwa take ka ji ko ya sani. To wa zai tuna ma jikokin jikokin Akokan cewa tudun can ba a gina gida kanshi, ba a ɗibar ƙasarshi a yi bulo, ba a haƙa rijiya kusa?

Daga radiyom ɗin ne wata iska ke tashi da ake kira radon, ba ta da launi ba ta da wari, ita kanta cikin ƙasa da kwana 4 rabinta ke mutuwa amma tsibin kullum sabuwa yake fitarwa. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce bayan taba sigari radon na cikin manyan abubuwan da ke kawo kansar huhu. Lokacin da dutsen ke can zurfin ƙasa dunƙule iskar ba ta da hanya sosai, yanzu an niƙe shi an shanya a sarari, a wurin da iskar hamada ke tashi da ƙura ta yini tana bugu. Wanda ya taɓa yin hunturu a Agadas ya san abin da nike nufi, ƙura har cikin kwanon tuwo.

Ba jita-jita ba ce, an auna. Wata ƙungiya mai zaman kanta ta Faransa, CRIIRAD, wadda aka kafa a 1986 bayan hatsarin tashar nukiliya ta Carnobil, ta zo Arlit a Disamba 2003 bisa gayyatar ƙungiyar Aghirin'man ta Almoustapha Alhacen, wanda shi kanshi ma'aikacin ma'adinan ne. An karɓe musu manyan na'urorin awo a filin jirgin Yamai, duk da haka da 'yar ƙaramar na'urar da ta rage suka samu tsoffin ƙarafa masu radiyasiyo ana saidawa a kasuwar Arlit. A 2007 aka gano an yi cikon titi a Akokan da duwatsun rami, har gaban asibiti. Ƙungiyar kare muhalli ta Greenpeace ta zo a Nuwamba 2009, ta samu wani wuri a titin Akokan da awon radiyasiyo ya ninka wanda aka saba samu a yankin kusan sau 500, kuma cikin samfur 5 na ruwan sha da ta ɗiba 4 sun wuce iyakar yuraniyom da Hukumar Lafiya ta Duniya ta gindaya. Ruwan can fa ba irin namu ba ne da damina ke ƙara mishi, tsohon ruwa ne da ya taru ƙarƙashin ƙasa tun zamanin da hamada ba hamada ba ce, in ya ƙare ya ƙare, in ya ɓaci ya ɓaci. Kamfanin ya sha musanta cewa mutane na cikin hatsari, ya ce yana bin ƙa'idojin duniya, kuma an bi an kwashe wasu wuraren bayan rahotannin. Amma ka lura, sai da wani ya zo daga waje da na'ura a hannu tukuna.

Maganar ƙarfen nan ita ta fi shafarmu a Maraɗi, domin mu ne 'yan gwangwan. Ka je inda ake tara tsoffin ƙarafa ka tsaya ka gani, kura na shigowa, yara da buhuna, sikeli rataye, mai wurin na zaune da maganaɗisu ɗaure a igiya, ya manna a jikin ƙarfe, in ya kama baƙin ƙarfe ne a jefa can, in bai kama ba a kankara da wuƙa a ga ko sanholo ne ko jan ƙarfe, kowane da kuɗinshi. Bututu mai kauri da ɓawo a ciki shi ake so don nauyi gare shi, alhali a ma'adinan yuraniyom irin wannan ɓawon na cikin bututu da fanfo shi ne inda radiyom ke maƙalewa. Na tambayi wani dattijo mai wannan sana'a, na ce Baba, kayan arewa na zuwa nan? Ya ce ɗana, ƙarfe ba ya da gari, in an sauke kamyo wa ke tambayar inda ya kwana. Ban ce ƙarfen Arlit na cikin kasuwarmu ba, Allah ya kiyaye in ɓata ma mutane sana'a. Cewa nike maganaɗisu ba ya gane wannan, sikeli ma ba ya ganewa, kuma daga nan kaya na wucewa maƙera a yi ƙofa da murhu da baro, wasu su ƙetara Ɗan Isa zuwa Katsina da Kano a narke.

Sai kuma mutanen da suka komo gida. Kansar huhu irin ta radon ba ta fitowa lokacin da mutum ke aiki, sai bayan shekara 10, 20, ko fiye, lokacin ya yi ritaya ya koma ƙauyensu, in tari ya kama shi a ce sanyi ne ko tarin fuka, a yi jiƙo, a kai asibiti ba wanda zai tambaye shi ina ka yi aiki. An buɗe wata cibiya ta bin lafiyar tsoffin ma'aikata a jihar Agadas a 2011, amma ƙungiyar lauyoyi ta Sherpa da aka yi yarjejeniyar da ita ta janye a 2012 tana cewa abin bai kai ga biyan 'yan Afirka diyya ba. A can Faransa iyalan wani Bafaranshe da ya yi aiki a Akuta ya mutu da kansar huhu a 2009 sun kai ƙara, kotu ta ba su gaskiya a 2012, da aka ɗaukaka ƙara aka soke hukuncin a 2013. Wannan fa mai lauya ne da takardun likita cikakku, ina ga leburan ɗan kwangila da ko takardar albashi bai aje ba.

Ba mu kaɗai ba ne, kuma abin da ya faru wasu wurare ya isa mutum ya yi hankali. A Munana ta Gabon an rufe a 1999, daga baya aka gano an gina gidaje da kayan rami, sai da aka rushe aka sake wasu. Shinkolobwe ta Kwango, inda aka samo yuraniyom ɗin bam ɗin da Amurka ta jefa Hiroshima a 1945, an toshe ramin da siminti a 1960, talauci ya sa mutane suka koma suna haƙar kobalt da hannu har rami ya rufta da su a 2004. A ƙasar 'yan Nabaho ta Amurka ramuka fiye da 500 aka bari, har yau ana fama. Jamus ce ta ɗauki abin da gaske, tun 1991 take gyaran ma'adinan Wismut na tsohuwar Jamus ta Gabas, ta kashe sama da Yuro miliyar 6, kuma har yanzu tace ruwan suke. Jamus ke nan fa.

Shirin da aka sanar na Akuta shi ne a lulluɓe tsibin da yumɓu da dutse kaurin mita 2, aikin shekara 10, kuɗi wajen sefa miliyar 95, sa'annan a yi ta sa ido na wasu shekaru. Lulluɓin na da amfani, yana danne ƙura yana rage radon, ban raina shi ba. Sai dai mita 2 na ƙasa da iska za ta yi ta gogawa, ga ambaliyar kwari da kan zo ba sallama a Abzin, abu ne da ke son mai dubawa kullum yana faci, kuma ba ya hana abin da ke ƙarƙashi tsiyaya zuwa ruwa.

Yanzu ga inda muke. A Yuni 2024 gwamnati ta ƙwace izinin haƙar yuraniyom na Imuraren daga hannun Orano, a Yuni 2025 ta maida SOMAIR ta ƙasa, kamfanin ya kai ƙara kotun sasanci ta duniya. Kowa na da ra'ayinshi a kan wannan, ni ma ina da nawa. Amma SOMAIR ma tana da nata tsibin na fiye da shekara 50, kuma duk wanda ya karɓi rami ya karɓi abin da ke bayanshi sai in an rubuta a takarda cewa wanda ya tara shi zai biya. Ni a ganina wanda ya ci riba shekaru 50 shi ya kamata ya aje kuɗin gyara, a asusun da rigimar siyasa ba ta taɓawa, kuma duk sabon baƙon da za a ba izini, ko daga ina ya fito, a karɓi kuɗin rufewa tun kafin ya sa diga.

Namu na nan gida bai kai miliyar ba. Na'urar awo ta hannu kuɗinta bai kai na babur ba. Akwai hukumar kula da tsaron nukiliya a Yamai, akwai jami'ar Ɗan Dikko Ɗankulodo nan cikin gari da ɗaliban kimiyya da ke neman abin rubuta kundin kammala karatu, a ba su na'ura biyu ko uku su zaga wuraren gwangwan da maƙera da tashar manyan motoci su auna, su rubuta, a karanta a rediyo da Hausa. Masu unguwanni kuma sun san gidajen da aka yi zaman Arlit aka komo, a rubuta sunayensu, ma'aikaci da ɗan kwangila duka, a riƙa duba musu ƙirji ko sau ɗaya a shekara.